Birnin Kano a Ƙafa ake Ganinsa

Duk Bakanon da ya saba saukar baƙi ya san safiyar da baƙo zai ture kofin shayi ya gyara zama ya ce, "To, yaushe za a shiga da ni gari?" Garin da yake nufi shi ne cikin badala, inda Dala da Kurmi da gidan sarki suke. Mai masaukin da ya san abin da yake yi ba ya ɗauko makullin mota. Aikawa yake yi a kira masa ɗan jagora, a kuma gaya wa baƙo ya sa takalmin da ba shi da wuyar cirewa, domin kafin magariba zai cire shi ya fi sau goma.

'Yan jagora iri-iri ne. Akwai ma'aikatan gidan tarihi, masu shekarun sarakuna a ka. Akwai samarin da ke jira a gindin Dala ko a bakin marina, waɗanda kunnensu ya tsinci Turanci da ɗan Faransanci daga bakin masu yawon buɗe ido. Sai kuma irin wanda na fi so, dattijon unguwa da aka yanke cibiyarsa a cikin lungu, wanda ba ya taku ashirin ba a ce masa "Baba, ina kwana" ba. Irinsa muka samu bara da na yi baƙo daga zangon Kumasi, wani malamin makaranta mai Hausa garau, wanda kakansa ya bar Kano cikin ayarin fataken goro bai sake dawowa ba.

Da sanyin safiya ake farawa, galibi daga Ƙofar Mata, saboda marina na nan daf da ita. Marinan suna lissafa karofinsu daga shekarar 1498. Ramuka ne masu zurfi a jere, yawancinsu yanzu a bushe, 'yan kaɗan ne ke da ruwan baba. Abin da baƙo ya kamata ya lura da shi tun nan shi ne, Baba, ɗan jagoranmu, bai fara da bayani ba. Sai da ya je ya rusuna gaban babban marinin, aka yi gaisuwa mai tsawo, aka tambayi iyali da sanyi da kasuwa, sannan ya ce, "Baƙo na kawo muku daga Gwanja." Da jin haka tsohon ya ɗago kai. Kumasi ba Gwanja ba ce, amma a bakin tsofaffin Kano duk ƙasar goro sunanta ke nan. Sai ya jawo wani farin ƙyalle da mata suka ɗaure da zare a gida, ya tsoma a ramin, ya ɗago. Kore-kore ya fito. Muna tsaye iska ta buge shi, ya rikiɗe ya koma shuɗi a gaban idonmu. Ya sake tsomawa, ya sake ɗagowa, haka ake yi har launin ya kai yadda ake so. Abin da ke cikin ramin baba ne da toka da kanwa, an bar su kwanaki sun ruɓa, warinsu kuwa sai wanda ya shaƙa. Can gefe ana jin sautin mabuga, mutum biyu sun sa gungumen itace a tsakiya suna dukan shadda da guduma, ɗaya na sauka ɗaya na tashi, kai ka ce kiɗa ne.

Baƙona ya zaro waya zai ɗauki hoto, Baba ya dafa hannunsa a hankali. "Ɗana, a tambaya tukuna." Aka tambaya, aka yarda, aka kuma ajiye ɗan abin goro. Wannan ita ce ƙa'idar tafiyar gaba ɗaya. Cikin birni gidan mutane ne, kowane lungu da masu shi, kowane dakali da dattijon da ya gaji zama a kai. Wanda ya wuce majalisa bai yi sallama ba, ba wanda zai tare shi, amma ba wanda zai buɗe masa komai.

Ita Ƙofar Mata kanta da ganuwa ba su ɗauke mu lokaci ba, kuma abin takaici ne dalilin. Tarihin Kano ya ce Sarki Gijimasu, wanda ya yi mulki daga 1095 zuwa 1134, shi ya fara ginin ganuwa, sarakunan baya suka yi ta faɗaɗa ta. A da kowace ƙofa da sarkinta, ana rufewa da dare, wanda ya makara ya kwana a waje. Yau da yawa daga ƙofofin an sake su da siminti don mota ta wuce, badala kuma ruwan sama ya ci rabonsa, masu ɗiban ƙasa da masu yanka filaye sun ci nasu. Ɗan jagora yakan nuna wani tudu da awaki ke kiwo a kai ya ce nan ta bi. Wanda ke son ganin yadda ƙyauren ƙofar gari yake, sai ya shiga Gidan Makama, inda Muhammadu Rumfa ya zauna kafin ya hau gadon sarauta a 1463, yanzu gidan tarihi ne. Can aka jingine tsofaffin ƙyamaren, kusa da hotunan shigowar Turawa a 1903, lokacin da Sarki Alu ya tafi Sakkwato. Daga nan ana hango Ƙofar Kudu ta Gidan Rumfa da dogarai cikin ja da kore. Babban masallacin da ke gefe, ginin da ake gani yanzu na zamanin Sarki Abdullahi Bayero ne, an buɗe shi a 1951.

Inda tafiyar take daɗi shi ne in an bar kwalta an faɗa lungu. Nan ne ake gane dalilin barin mota a gida, don wani lungun in mai tura ruwa ya shigo da kurarsa sai kowa ya manne da katanga. Baba ya tsaya gaban wani tsohon gida da damina ta zaftare masa gefe, ya ce mu duba. Cikin bangon ya bayyana: tubala jere kan jere, kowanne an mulmula shi da hannu kamar ƙwai, gindi ƙasa tsini sama, an cike tsakaninsu da kwaɓaɓɓiyar ƙasa. A sama ga zankwaye a kusurwoyi, ga indararo ya miƙo baki waje don kada ruwa ya bi jikin bango. Ya kankare ɗan yaɓen da farce ya ce makuba ce, daga kwasfar ɗorawa ake samunta, ita ke hana ruwa shiga.

Mai gidan na zaune a ƙofa. Bayan gaisuwa ya ce mu shigo zaure, muka tuɓe takalma. A waje rana ta fara cizo, a ciki kuwa sai ka rantse randa ce. Muka ɗaga kai. Bakan gizo huɗu sun taso daga bango sun haɗu a tsakiya, an kafa kwanon tasa a mahaɗarsu. Azara, wadda ake tsagowa daga giginya, gara ba ta cinta, amma ba ta iya ɗaukar nauyin ƙasa in tazara ta yi faɗi. Don haka magina suka koyi ɗaura gajerun azara, wannan ta ɗan ɗara waccan, har su tanƙwaro su haɗe a sama, a lulluɓe da ƙasa. Baƙona ya daɗe yana kallo. Ya ce a zangonsu akwai zaure, amma na bulo da kwano ne, bai taɓa sanin ga inda abin ya samo asali ba.

Zaure kuma shi ne iyaka. Namiji baƙo nan yake tsayawa, ko an rubuta "ba a shiga" a bango ko ba a rubuta ba. In akwai mace a cikin masu zagayen, ita sai yarinya ta ja ta zuwa cikin gida, ta gaisa da matan, ta ga tsakar gida da madafa da ɗakin amarya. Sau da yawa matan da suka zo yawon buɗe ido sun fi mazansu ganin Kano, su kuwa mazan ba su ma sani ba.

Sauran tarihin a sunayen unguwanni yake, kuma ɗan jagoran kirki yana karanta su kamar allo. Madabo ta malaman Wangarawa ce da suka zo daga Mali a zamanin Sarki Yaji. Sharifai na tuna zuwan Shehu Magili a zamanin Rumfa. Zangon Barebari, Tudun Nufawa, Agadasawa, kowanne sunansa ya faɗi daga inda mutanensa suka fito, Ayagi kuma ta Yarbawa ce. Alfindiki kalmar Larabci ce ta masaukin fatake, Alkantara kuma gada. Wanda ya fi ba baƙi mamaki shi ne Dandalin Turawa, domin Turawan nan ba na Ingila ba ne. Larabawan Tarabulus da Gadamus ake kira haka tun kafin wani Bature ya taka ƙasar nan. Su suka bar mana gurasa da alkaki, saboda haka Baba ya ce ba zai yiwu a wuce ba a ci bandashe ba. Muka ci a tsaye, ƙuli da mai da yaji har gwiwar hannu.

Azahar ta same mu a Kurmi, kasuwar da Rumfa ya kafa a bakin Jakara. Ba a shirya wannan a jadawali, amma kowane zagaye yana tsayawa in an kira salla. Baƙon da ba musulmi ba akan ba shi benci a rumfar wani ya jira. Bayan nan sai tsaraba: layin dukawa, layin 'yan sirdi da linzami, masu huluna, masu kanwa da kayan yaji, masu tasoshi. Al'adar ciniki a nan tana da ladabi. Mai kaya ya ce "albarka", kai ka ƙara, ba a zagin kaya, ba a kuma tayawa in ba a da niyyar saye. Ɗan jagora yakan ja gefe ya yi kamar ba ruwansa, ko da yake kowa ya san wani lokaci akwai ɗan la'adarsa a ciki. Ni ban ga laifin wannan ba, dillanci a Kurmi ya girmi kakan kowa.

Dala ake bari ƙarshe, bayan la'asar. Ana hawa ta matakala, numfashi na fita da ƙyar, a sama kuma a ba da labarin Barbushe da Tsumburbura, a nuna Goron Dutse, a nuna hasumiyoyin masallaci da kududdufan da aka haƙa don ginin gidajen da muka wuce. Ranar Takutaha, mako guda bayan Mauludi, nan ba masaka tsinke. Wani Bajamushe mai suna Barth, da ya zo a 1851, shi ma ya hau nan ya zana hoton garin.

Da muka sauko baƙona ya dunƙule tukuici ya miƙa wa Baba. Ya ƙi sau biyu, kamar yadda aka saba, ya karɓa a na uku ya sa a aljihu bai duba ba. Sannan ya ce saura abu ɗaya. Ya ja mu wani lungu a gindin dutsen, unguwar tsofaffin fataken goro, inda wasu dattawa uku ke kan tabarma suna jiran magariba. Baƙona ya durƙusa ya faɗi sunan kakansa da laƙabinsa. Suka yi ta juya sunan a tsakaninsu, wannan ya ce ko ɗan gidan wane ne, wancan ya ce a'a, shi wancan a Salaga ya rasu. Can mafi tsufansu ya ce, "Malam, mu yara ne a wannan magana. Akwai gwaggonmu a cikin gida, ta haura casa'in, ita ta san waɗanda suka tafi. Yanzu ta yi alwala. Ka dawo gobe da hantsi, ka taho mata da goro fari."