Littattafan da suka haɗa kan mutanen Filipin

Ku ɗauko taswirar duniya, ku nemi nahiyar Asiya. Can gabas, kudu da ƙasar Sin, za ku ga tarin tsibirai cikin teku. Tsibiri shi ne ƙasar da ruwa ya kewaye ta ko'ina. Waɗannan tsibirai su ne ƙasar Filipin, babban birninta Manila. Yawan tsibiran ya fi 7600, mutanen ƙasar kuma sun fi miliyan 100. Suna da harsuna fiye da 100, kamar Tagalog da Sebuwano da Ilokano. Mafi yawansu Kirista ne, amma a kudancin ƙasar akwai Musulmi da yawa.

To, mutanen da teku ya raba su, harshe kuma ya raba su, yaya aka yi suka ɗauki kansu al'umma ɗaya? Dalilan suna da yawa. A wannan darasi za mu duba ɗaya daga cikinsu, wato littattafai.

Zuwan Turawa

A shekarar 1521 jiragen ruwan Sarkin Espanya suka iso tsibiran, jagoransu shi ne Magellan. Wani sarki mai suna Lapulapu ya ƙi yi musu mubaya'a. Aka gwabza a tsibirin Maktan, aka kashe Magellan. Amma Turawan Espanya ba su haƙura ba. Suka komo a 1565, suka kafa mulki. Sunan ƙasar ya samo asali ne daga sunan sarkinsu Filip na biyu. Mulkinsu ya kai shekara 333.

A wancan zamani ba a kiran ƴan ƙasa Filipino. Wannan suna na ƴaƴan Turawa ne waɗanda aka haifa a tsibiran. Su ƴan ƙasa ana ce da su indiyo, kalma ce ta raini. Kowa kuma ƙauyensa da harshensa kaɗai ya sani. A ƙauyuka, fada-fada ƴan Espanya, wato limaman coci, su ne masu faɗa a ji. Makaranta tana hannunsu, manyan gonaki da yawa ma nasu ne.

Yaron Kalamba

An haifi José Rizal (ana faɗi Hose Rizal) ran 19 ga watan Yuni 1861, a garin Kalamba, kudu da Manila. Shi ne na 7 cikin ƴaƴa 11. Uwarsa ce ta fara koya masa karatu a gida. Yana da shekara 10, a 1872, hukuma ta kashe wasu fada-fada uku ƴan ƙasa, Gomez da Burgos da Zamora, bisa zargin tada fitina. Rizal bai taɓa mance wannan abu ba.

A 1882 ya shiga jirgi ya tafi Turai. Ya yi karatun likita a Madrid, ya ƙware a aikin ido a Faransa da Jamus, domin idon uwarsa ya fara mutuwa. Yana karatu yana rubuce-rubuce.

Littafi na farko

A 1887, a birnin Balin na Jamus, Rizal ya fitar da littafinsa Noli Me Tangere. Sunan da Latinanci ne, ma'anarsa kada ka taɓa ni. Rizal ya kwatanta halin ƙasarsa da mugun gyambo wanda ba a son a taɓa saboda zafi. Shi kuwa likita ne, ya san ba a maganin gyambo sai an buɗe shi. Lokacin ba shi da ko kuɗin abinci kirki. Wani abokinsa, Máximo Viola, shi ya ranta masa kuɗi aka buga guda 2000.

Littafin ƙagaggen labari ne. Wani saurayi mai suna Ibarra ya komo gida bayan shekara 7 a Turai. Ya tarar ubansa ya mutu a kurkuku, saboda gabar da ke tsakaninsa da fadan garinsu. Ibarra bai nemi ramuwa ba, sai ya ƙudura gina wa yaran garin makaranta. Magabtansa suka ƙulla masa sharri, aka kama shi, makaranta ba ta ginu ba.

A cikin littafin akwai wata matalauciya, Sisa, mai ƴaƴa biyu da ke aikin kaɗa ƙararrawar coci. Aka laƙa wa ƙaramin sata, aka yi ta dukansa, ba a sake ganinsa ba. Baƙin ciki ya taɓa hankalin Sisa. Akwai kuma wani malamin makaranta da ke kukan halin da yake ciki. Almajiransa suna haddace littattafai cikin harshen Espanya, ba su san ma'anar abin da suke faɗi ba. Da ya aje bulala yara suka ƙara ƙwazo, amma aka tilasta masa ya sake ɗaukarta.

Waɗanda suka karanta littafin, ko daga wane lardi suke, sai suka ga kamar labarin garinsu ake ba su. Kowa ya san wata Sisa, kowa ya san irin wannan makaranta. Nan suka fara gane ciwonsu ɗaya ne. Hukuma ta hana sayar da littafin, amma aka riƙa shigo da shi a ɓoye, yana bin hannu hannu.

Waiwaye adon tafiya

Turawan mulki suna cewa mutanen tsibiran ba su san kome ba kafin zuwansu. Rizal ya so ya nemo gaskiyar wannan magana. Ya tafi Landan, ya shiga babban ɗakin littattafai, ya samu wani tsohon littafin tarihi wanda wani alƙali ɗan Espanya, Antonio de Morga, ya buga tun 1609. Rizal ya zauna ya kwafe shi da hannunsa, ya ƙara masa bayani, aka sake buga shi a Paris a 1890. A ciki ya nuna kakanninsu suna da rubutu nasu, suna saƙa, suna ƙira, suna sassaƙa jiragen ruwa, suna fatauci da ƙasar Sin. Ke nan shaidar ta fito daga bakin Baturen kansa.

Littafi na biyu

A 1891, a birnin Gent na ƙasar Beljik, ya fitar da El Filibusterismo, wato tada kayar baya. Ya sadaukar da shi ga fada-fadan nan uku da aka kashe. A ciki Ibarra ya komo da sabon suna, Simoun, ya zama attajiri mai sayar da lu'ulu'u, zuciyarsa cike da neman ramuwa. Ya ɗura nakiya cikin fitila, ya kai ta gidan wani biki inda manyan ƙasa suka taru. Wani saurayi ya ɗauke fitilar ya jefa cikin kogi, dabara ta watse. Simoun ya mutu a gidan wani dattijon fada ɗan ƙasa, wanda ya nuna masa ba a gina ƴanci bisa ƙiyayya da kisa.

A cikin wannan littafi ana gardama kan harshe. Wasu ɗalibai suna roƙon a buɗe musu makarantar koyon harshen Espanya. Simoun kuwa yana ganin wanda ya yar da harshensa ya yar da kansa. Rizal ya bar wa mai karatu ya auna maganar kowane.

Mutumin Tondo

Rizal ya rubuta littattafansa cikin harshen Espanya, talakawa kuwa kaɗan ne suke jin wannan harshe. Saƙon bai kai gare su sosai ba sai ta hannun wasu. Babbansu shi ne Andres Bonifacio, wanda aka haifa a 1863 a Tondo, unguwar talakawa a Manila. Bai yi nisa a makaranta ba. Ya yi tallar sanduna da mafitai na takarda don ya ciyar da ƙannensa, daga baya ya yi aikin sito. Da dare yana karatu shi kaɗai, har ya karanta littattafan Rizal.

A watan Yuli 1892 hukuma ta kama Rizal, ta kai shi Dapitan, can nesa a tsibirin Mindanawo. A cikin watan nan Bonifacio da abokansa suka kafa ƙungiyar asiri mai suna Katipunan, don korar Turawan Espanya. Su da Tagalog suke rubutu. Wani saurayi a cikinsu, Emilio Jacinto, ya rubuta ɗan littafin ƙa'idodin ƙungiyar, Kartilya, mai koyar da cewa baƙi da fari duk ɗaya suke wajen daraja. Suka buga jarida mai suna Kalayaan, wato ƴanci. Manoma da leburori suka yi ta shiga ƙungiyar.

Ƙarshen Rizal

Rizal ya yi shekara 4 a Dapitan, yana duba marasa lafiya, yana koyar da yara, har ya jawo wa garin ruwan sha. A watan Agusta 1896 tawaye ya ɓarke. Rizal bai goyi bayan a ɗauki makami a lokacin ba, yana ganin jama'a ba su shirya ba. Duk da haka hukuma ta ce littattafansa ne suka hura wutar. Aka harbe shi a Manila ran 30 ga watan Disamba 1896, yana da shekara 35. Kisan bai kashe tawayen ba, sai ma ƙara masa ƙarfi da ya yi.

Ran 12 ga watan Yuni 1898 ƴan tawaye suka yi shelar ƴancin ƙasa. Amma Espanya ta miƙa tsibiran ga Amurka a kan dala miliyan 20. Filipin ba ta samu mulkin kai ba sai ran 4 ga watan Yuli 1946. Kafin nan sunan Filipino ya riga ya zama na dukan ƴan ƙasa.

Littattafan a makaranta

A 1956 majalisar ƙasar ta yi doka cewa a riƙa koyar da rayuwar Rizal da littattafansa a makarantu. Shugabannin cocin Katolika sun yi jayayya ƙwarai, amma dokar ta tabbata. An juya littattafan cikin Tagalog da Turancin Ingilishi da wasu harsuna, don yawancin yaran ƙasar yanzu ba su jin harshen Espanya.

A shekarar nan ta 1956 wani malamin tarihi, Teodoro Agoncillo, ya fitar da littafi kan Bonifacio da Katipunan. Ya nuna talakawa ne ƙashin bayan tawayen. Har yau mutanen Filipin suna gardama a kan wanda ya fi yi wa ƙasa aiki, mai rubutu ko mai yaƙi. Ƙasar tana girmama su duka biyu. Ran 30 ga watan Nuwamba hutu ne don Bonifacio, ran 30 ga watan Disamba hutu ne don Rizal.

Ma'anar kalmomi

Mubaya'a: yarda da mulkin wani.
Ƙagaggen labari: labarin da marubuci ya tsara da kansa.
Nakiya: abin da ke fashewa da ƙarfi.
Shela: sanarwa ga dukan jama'a.

Tambayoyi

1. Wa ake kira Filipino a zamanin mulkin Espanya? Yaya ake kiran ƴan ƙasa?
2. Don me Rizal ya kwatanta halin ƙasarsa da gyambo?
3. Wace matsala ce ta dami malamin makaranta na cikin littafin farko?
4. Me Rizal ya samo cikin littafin Morga?
5. Don me ƴan Katipunan suka yi rubutu da Tagalog?

Aiki

Ku tambayi wani dattijo labarin wani jarumi ko wata jaruma ta garinku. Ku rubuta labarin da Hausa cikin layi 10, ku karanta wa aji.