KURAYE: Fim ɗin da ya kamata kowane mai shago ya gani

Mu 'yan zongo ba a ba mu labarin baƙunta. Bayan yaƙin Salaga na 1892, fatake da yawa suka kwashe kayansu suka koma Kete, kasuwa ta bi su. Don haka mun san baƙo kan zo da alheri. To, in ya zo da kuɗin da ke neman rai fa?

Tambayar ke nan a fim ɗin Hyènes, wato Kuraye, wanda Djibril Diop Mambéty ɗan Senegal ya shirya da harshen Wolof a 1992, aka nuna shi a bikin finafinai na Cannes a Faransa. Fim ne na ban dariya, amma dariya ce mai ɗaci.

Ga yadda labarin yake. Garin Colobane talauci ya yi masa katutu. Sai ga Linguère Ramatou ta dawo bayan shekara 30, ta zama baƙuwa a garinsu, da dukiyar da ake cewa ta fi ta Bankin Duniya. Ta ce za ta ba gari kuɗi masu ɗimbin yawa, amma da sharaɗi ɗaya: a kashe Dramaan Drameh, mai shago, wanda ya yi mata ciki tana yarinya, ya sayi shaidun zur, ya musanta.

Nan take mutanen gari suka ce Allah ya kiyaye. Amma ba da jimawa ba suka fara cika shagon Dramaan suna karɓar kaya bashi. Sai ga sababbin takalma a ƙafa, ga fanka da firiji a gidaje. Da wane kuɗi za su biya? Mai shago ya gane cewa kowane bashin da ya rubuta, kansa ne jingina. Daga ƙarshe gari ya taru ya yanke masa hukunci da sunan adalci.

Ba baƙuwar ce ta ɗaga masa hannu ba, maƙwabtansa ne. Mun ga irin wannan kwaɗayi a nan Gana lokacin da DKM ya rushe a 2016, aka kuma dakatar da Menzgold a 2018, bayan mutane sun ci bashi sun zuba don ribar da aka yi musu alkawari.

Bashi hanji ne, yana cikin kowa. Amma 'yan uwa na Yendi da Bawku, kafin mu buɗe littafin bashi, mu tambayi mai saye kuɗin wa yake jira. Allah ya ba mu kasuwa mai albarka.