Takeshi Seyama, Mai Tace Finafinan Zane na Japan

A shekarar 1988 aka saki finafinan zane uku a Japan waɗanda har gobe ake maganarsu. Akwai My Neighbor Totoro na Hayao Miyazaki, labarin 'yan mata biyu da wata halittar daji mai sanyin hali. Akwai Grave of the Fireflies na Isao Takahata, kan yaro da ƙanwarsa da yunwa ta ci a ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu. Sai Akira na Katsuhiro Otomo, mai cike da gudun babura da fashe-fashe. Duk ukun mutum ɗaya ne ya tace su, Takeshi Seyama, wanda aka haifa a 1944.

Da yawa sun ɗauka katun ba ya buƙatar edita. A Kannywood darakta kan maimaita ɗaukar fitowa guda har sai ta yi masa, ya bar wa mai tacewa ya zaɓa. A fim ɗin zane babu wannan rarar. Kowace daƙiƙa firam 24 ce, kuma hannun mutum ke zana motsin da ke ciki. Princess Mononoke na 1997 kaɗai ya ci zane sama da 140,000. Wa zai yi wannan wahala don a zubar?

Shi ya sa aikin Seyama na awo ne. Darakta ya riga ya tsara fim a takarda, hoto bayan hoto, da tsawon kowane. Edita zai jera su, sau da yawa tun ba a sa launi ba, ya rage firam biyu nan, ya ƙara shida can, kafin 'yan wasa su zo ɗora murya. In ya gaggauta, magana ta hau kan magana. In ya yi nawa, mai kallo ya fara hamma.

Inda na fi ganin gwanintarsa shi ne wurin da ba a yin komai. A Totoro, Satsuki na tsaye a tashar bas da dare, goye da ƙanwarta Mei, ana ruwa, suna jiran mahaifinsu. An bar jiran nan ya yi tsawo har kai ma ka ƙosa, sannan halittar ta bayyana. Da an datse shi, da fitowar ta rasa armashi. Tsarin na Miyazaki ne, gaskiya, amma auna numfashinsa sai da mai haƙuri irin Seyama.

Ya kuma yi wa Satoshi Kon aiki a Paprika na 2006, inda mafarki da farke ke cakuɗewa cikin yanka guda. Spirited Away da ya tace ya ci kyautar Oscar a 2003. The Boy and the Heron ma ya ci a 2024, kuma sunan Seyama na cikin editocinsa, yana dab da shekara 80.