OLED, 8K da HDMI 2.1: Tankaɗe da Rairaya Kan Manyan Talabijin na Zamani

Duk wanda ya shiga shagon kayan lantarki da niyyar sayen babban talabijin, ko a Sabon Garin Kano ko a Alaba ta Legas, zai fito kansa cike da haruffa: OLED, QLED, 8K, HDR, 120Hz. Mai shago na da tasa maganar, 'yan majalisa na da tasu, samarin da ke kwana a kan PlayStation ma na da tasu. Wasu maganganun gaskiya ne, wasu rabi da rabi, wasu kuwa tallar kamfani ce ta bi bakin mutane har ta zauna. Tunda kuɗin da ake zubawa ba na wasa ba ne, ga yadda kowace magana take.

“QLED da OLED duk abu ɗaya ne”

Ba gaskiya ba ne. A OLED, kowane ɗigon hoto shi ke ba da haskensa, kuma yana iya mutuwa ɗungurungum, shi ya sa baƙinsa yake fita wuluk. LG ne ya fara sayar da manyansu a 2013. QLED kuwa, sunan da Samsung ya fito da shi a 2017, allon LCD ne mai fitilu a baya, kamar aci-bal-bal a bayan labule, sai aka ƙara masa wani shimfiɗi da ke ƙara wa launi armashi. Masu tsadar cikinsu suna amfani da Mini-LED, dubban ƙananan fitilu da aka kasa shiyya-shiyya, kowace shiyya tana rage haskenta ita kaɗai. Duk da haka, idan farin rubutu ya hau kan baƙin allo, akan ga ɗan hazo kewaye da shi.

Wannan ba ya nufin OLED ne gwani a ko'ina. A falo mai manyan tagogi da rana ke shiga, Mini-LED mai kyau yakan fi daɗin kallo saboda ƙarfin haskensa, kuma ya fi araha a manyan inci. OLED sarautarsa da dare ce, ko a ɗaki mai labule.

“OLED yana ƙonewa cikin 'yan watanni”

An yi ƙari, amma maganar tana da tushe. Idan abu ɗaya mai haske ya daɗe a wuri ɗaya, kamar tambarin tashar labarai ko allon ƙwallaye a kusurwa, ɗigogin wurin sukan tsufa kafin sauran, sai a bar tabo. Masu gwajin kaya na RTINGS da ke Kanada sun nuna haka tun gwajin da suka fara a 2018, inda talabijin ɗin da aka bari a kan CNN sa'o'i masu yawa kullum suka yi tabo, waɗanda ake sauya musu shirye-shirye kuma suka daɗe lafiya. Gidan da ake kallon fim yau, ƙwallo gobe, ba shi da abin fargaba sosai. Gidan kallo ko gidan gem da ke buɗe tun safe har dare a kan wasa ɗaya, gara ya nemi Mini-LED.

Akwai abin da ya shafe mu kai tsaye. OLED yana gyara ɗigoginsa da kansa bayan an kashe shi da rimot. A na LG, bayan kimanin sa'o'i huɗu na kallo. Mai zare filogi nan take don tsoron wutar NEPA yana hana wannan aikin. A ba shi 'yan mintoci tukuna, a kuma haɗa shi da sitabilaiza.

“8K ya ninka 4K kyau”

A lissafi ya ma wuce haka: 4K na da ɗigo kusan miliyan 8.3, 8K na da kusan miliyan 33. Amma ido na da iyaka. Daga kujerar da ke mita uku da allo mai inci 65, ko 4K ba a cinye amfaninsa ba. Wani gwaji da Warner Bros. ya yi tare da Pixar da Amazon da LG, wanda aka bayyana a 2020, ya sa mutane kallon hotuna a allon 8K mai inci 88 ba tare da sun san wane ake nuna musu ba. Yawancinsu ba su ga wani bambancin a-zo-a-gani ba.

Sannan me za a kalla a kai? Netflix bai wuce 4K ba, shi ma yana iya lashe data har gigabait 7 a sa'a ɗaya. Yawancin tashoshin dikoda iyakarsu HD. Shi kansa Sony ya cire tambarin 8K daga kwalin PlayStation 5 a 2024. Abin da ya fi dacewa a tambaya shi ne yadda talabijin yake gyara hoto mai rauni ya cika babban allo, domin shi ne abin da za a fi kallo.

“Wanda ya fi walƙiya a shago shi ya fi kyau”

Nan ne aka fi yaudarar ido. Talabijin na shago ana sa shi a tsarin baje-koli: haske a ƙure, launi an cika masa gishiri, farin ya karkata zuwa shuɗi don ya tsone ido a ƙarƙashin fitilu. A gida sai ka ga fuskokin mutane sun yi jajir, ciyawar fili ta zama kamar fenti. Saboda irin wannan ne ƙungiyar UHD Alliance ta fito da Filmmaker Mode a 2019, da goyon bayan daraktoci irin su Martin Scorsese da Christopher Nolan. Ka ce a sa maka shi kafin ka yanke hukunci, ka duba fatar mutum da wurare masu duhu.

Haka tambarin HDR yake. Ana auna hasken allo da nit, kuma finafinan HDR akan shirya su a kan nit 1,000 ko fiye. Talabijin mai arha da bai wuce nit 300 ba zai karɓi hoton, ya rubuta HDR a kusurwa, amma ba shi da ƙarfin nuna shi. Wani lokaci ma hoton sai ya fi dusashewa.

“An rubuta 240 a kwali, ya fi mai 120 sauri”

Yawanci lambar talla ce. Sunaye irin su Motion Rate da TruMotion da Motionflow suna ɗauke da lambobin da suka ninka ainihin saurin allon. Yawancin alluna 60Hz ne ko 120Hz (wato sau nawa suke sauya hoto a sakan), wasu sababbi kuma 144Hz ko sama kaɗan idan an haɗa su da kwamfuta. Ragowar dabara ce ta ƙirƙiro hotuna a tsakanin na gaske, wadda ke sa fim ya yi santsin da ba a yi shi da shi ba. Tom Cruise da kansa ya fito a wani bidiyo a 2018 yana roƙon masu kallo su kashe ta.

“In dai akwai HDMI 2.1, an gama da maganar gem”

Ba haka ba ne. An fitar da HDMI 2.1 a 2017 da ƙarfin gigabit 48 a sakan, wanda ke ɗaukar 4K a 120Hz. Amma a ƙarshen 2021 hukumar da ke ba da lasisin HDMI ta tabbatar cewa waɗannan sababbin abubuwa zaɓi ne, don haka kafar da ba ta wuce ƙarfin tsohuwar 2.0 ba tana iya ɗaukar sunan 2.1. Sai a nemi abubuwan da sunansu: 4K a 120Hz, VRR, mai daidaita allo da na'urar wasa don kada hoto ya tsage, da ALLM, mai shiga tsarin wasa da kansa. A kuma ƙirga kafofin. Wasu talabijin masu tsada biyu kawai ke da cikakken ƙarfi cikin huɗu, ɗayar kuma ita ce ta lasifika.

Ba kowane wasa ne ke buƙatar 120 ba. Call of Duty da Fortnite suna kaiwa, amma EA Sports FC, wanda har yanzu samari ke kira FIFA, a 60 yake tafiya a PlayStation 5. Dolby Vision, wani nau'in HDR, shi ma haka: Xbox Series X na amfani da shi a wasanni, PlayStation 5 ba ya yi, talabijin ɗin Samsung kuwa HDR10+ suka riƙe.

“Talabijin na iya sa ka sha kashi a wasa”

Wannan gaskiya ce. Tsakanin danna maɓalli da ganin motsi akwai jinkiri. A Game Mode, talabijin mai kyau yana kusan milisakan 10. A wajensa, wasu sukan haura 100, wato a 60Hz ɗan wasanka yana baya da hotuna shida. Gyaran kyauta ne, a cikin saiti yake.

“Kebul mai ruwan zinare ya fi fitar da hoto”

Ƙarya ce. Saƙon HDMI ko dai ya isa daidai, ko a ga ƙyalli da yankewa. Don 4K a 120Hz, kebul mai shaidar Ultra High Speed ake buƙata, kuma wanda ke zuwa cikin kwalin PlayStation 5 ya wadatar.

Kafin a biya kuɗi, a san hasken ɗakin da za a ajiye shi, nisan kujera, abin da aka fi kallo, da na'urar da za a jona. A rubuto cikakkiyar lambar samfurin, don suna ɗaya kan zo da allo daban a inci daban, a kuma karɓi takardar garanti. Ba girin-girin ba dai, ta yi mai.