Na'urar bugun zuciya: me ya sa take sauri a kan babur, ta yi nawa a gona?

Mutumin Tasawa ko Mayahi da aka dasa wa na'urar daidaita bugun zuciya, wadda likitoci ke kira "pil" a taƙaice, zai iya cin karo da abubuwa biyu masu ɗaure kai. Yana zaune a bayan kabu-kabu bai motsa ko yatsa ba, sai zuciyarsa ta kama dukan uku-uku. Washegari kuma ya ɗauki hauya ya nufi gona cikin rairayi, sai numfashi ya gagare shi. Sau da yawa na'urar lafiyarta ƙalau, saitinta ne bai dace da rayuwar mai ita ba, kuma ana gyara wannan ba tare da tiyata ba.

Yadda take gane motsi

An fara dasa wa mutum irin wannan na'ura a ƙasar Suwidin a 1958. Na'urorin farko gudu ɗaya suka sani, ko mutum na barci ko yana aiki. Amma zuciya mai lafiya takan buga sau 60 zuwa 100 a minti idan ana hutawa, ta ƙara sauri idan jiki na neman jini. Shi ya sa a tsakiyar shekarun 1980 aka fito da na'urori masu ƙara bugu gwargwadon motsi, domin waɗanda zuciyarsu ba ta iya ƙara saurin da kanta. Idan an kunna wannan aiki, akan ga harafin R a ƙarshen tsarin da aka rubuta a takardun majinyaci, kamar VVIR ko DDDR.

Yawancin na'urorin suna da ɗan ma'auni da ke jin jijjigar jiki. Wasu suna auna yawan numfashi, wasu kuma sun haɗa biyun. Mai jin jijjiga shi ya fi yawa, kuma motsi kawai yake ganewa, bai san wahala ba.

Inda take ruɗewa

Babur ko amalanke a kan hanyar da ba kwalta suna girgiza ƙirji, sai na'urar ta ɗauka mai ita gudu yake yi, ta ɗaga bugu. Haka daka a turmi zai iya yi, musamman da hannun ɓangaren da aka dasa ta. A ɗaya gefen, mai tafiya a hankali cikin jigawar Gulbin Kaba da buhun hatsi a ka, ko mai tuƙa keke, yana shan wahala sosai alhali ƙirjinsa bai cika jijjiga ba. Na'urar sai ta bar bugun a ƙasa, gajiya da jiri su biyo baya.

Abin da likita ke gyarawa

Likitan zuciya yana ɗora wani ɗan faifai a kan fata, daidai inda na'urar take, ya karanta ta a wata kwamfuta ta musamman. Babu allura, babu yanka. Na'urar tana ajiye tarihin bugun watannin baya, saboda haka zai ga ko zuciyar ta maƙale a gudu ɗaya ko tana yawan hawa. Daga nan zai iya taɓa abubuwa huɗu: mafi ƙarancin bugu, wanda galibi ake sa wa 60; iyakar sama, wadda ga dattijo akan tsayar wajen 110 zuwa 130 bisa shekaru da ƙarfin zuciya; yawan motsin da zai sa na'urar ta farka; da kuma saurin hawa da sauka bayan an tsaya. Wani lokaci akan sa majinyaci ya zaga farfajiyar asibiti ko ya hau matakala, a sake dubawa nan take.

Ƙarin bugu ba kullum ne alheri ba. Ga mai ciwon jijiyoyin zuciya zai iya jawo ciwon ƙirji, kuma yana rage kwanan batir, wanda yakan kai shekara 7 zuwa 12. Don haka likita kaɗai ke yanke wannan shawara.

Kafin a hau mota

Ba kowane asibiti ke da kwamfutar ba, kuma kowane kamfani da irin tasa. Daga Tasawa zuwa Yamai ya haura kilomita 700, ga kuɗin mota da na masauki. Ya kamata a fara bugo waya a tabbatar akwai wadda ta dace da na'urar, a tafi da katin na'urar da dukan magungunan da ake sha, domin wasu magungunan hawan jini suna rage bugu.

Abin da ya fi muhimmanci shi ne bayani. "Ina jin gajiya" bai wadatar da likita ba. A faɗa masa lokacin da abin ke zuwa: a kan babur ne, wajen jan guga ne, ko bayan taku nawa a rairayi. Ɗa ko jika zai iya rubuta wannan na mako biyu kafin ranar ganin likita. Wanda ya ɓoye cewa har yanzu yana noma don gudun faɗa, za a yi masa saitin mai zaman gida.

Gajiya kuma tana iya zama ta ƙarancin jini, zazzaɓin cizon sauro ko raunin zuciyar kanta, shi ya sa ake fara gwaji a asibitin gunduma. Amma suma, ciwon ƙirji, kumburin ƙafafu da sarƙewar numfashi, ko ja da ruwa a wurin dashen, ba sa jiran ranar alƙawari. A garzaya asibiti mafi kusa a ranar.