Mudun da Aka Sauya Bayan Kaka

Duk wanda ya san bashin hatsi ya san yadda ake ƙulla shi. Rumbu ya yi ƙasa da tsakiyar damina, manomi ya je wurin ɗan kasuwa ya karɓi gero, a yi magana zai biya mudu kaza in kaka ta yi. Ya yi noma, ya girbe, a sussuke, ya auna da irin mudun da aka auna masa, ya ɗoro wa jaki. Yana isa sai a ce masa ai an daina aiki da wancan mudun, ga sabo, kuma hatsinsa bai cika shi ba. Abin da ya sami ɗimbin masu neman aikin lakcara a kwalejoji da jami'o'in Indiya ke nan, har maganar ta yi ta zuwa gaban Kotun Ƙolin ƙasar.

Mai riƙe da mudun a can ita ce hukumar kula da jami'o'i da ake kira UGC. A 1989 ta fara shirya jarrabawar ƙasa mai suna NET domin tace masu son koyarwa, a 1991 kuma ta mai da ita sharaɗi, ƙari a kan samun maki 55 cikin 100 a digiri na biyu. Jami'ar Delhi ta ce ita ke da ikon zaɓen malamanta, Kotun Ƙoli ta ce mata a'a a 1994. A 2006 hukumar ta sassauta: mai digirin digirgir ba sai ya zauna NET ba. Mutane suka ji, suka ajiye karatun jarrabawa suka duƙufa kan bincike, aikin da ke cin shekaru da dukiya. Ranar 11 ga Yulin 2009 aka fito da sabon mudu. NET ta dawo wajibi, kuma digirgir ɗin da za a ɗauke wa mai shi jarrabawa sai wanda aka yi bisa sababbin ƙa'idojin wannan shekarar. Wanda ya gama nasa a 2007 ba shi da yadda zai bi ƙa'idar da ba a rubuta ba tukuna lokacin da yake karatu.

A yi wa hukuma adalci, tana da hujja. Tsohon mudun an bubbuga masa gindi. Akwai jami'o'in da ke ba da digirgir ba tare da tace ɗalibi a ƙofar shiga ba, ba kwas, ba mai duba kundi daga waje da zai tsaya tsayin daka. Ɗalibin da zai zauna gaban malamin nan shi ma yana da haƙƙi, kamar yadda mai saye yake da haƙƙin a cika masa awo. Sarkin kasuwar da ya ga ana cutar mutane da lotsattsen mudu bai canja shi ba, ya ci amana.

Amma wa ya lotsa mudun? Jami'o'in da hukumar take sa wa ido ne suka yi, su kuma ba wanda ya rasa kujerarsa. Wanda ya sha ukuba shi ne manomin da ya cika abin da aka miƙa masa. A nan ne hukuncin da Kotun Ƙoli ta yanke a Maris na 2015, a shari'ar P. Suseela, ya tsaya mini a rai. Kafin nan manyan kotunan jihohi sun rabu: ta Madras da ta Delhi da ta Rajasthan sun bi bayan sabuwar doka, ta Allahabad ta tausaya wa tsofaffin masu digiri. Kotun Ƙoli ta ce wanda ba a riga an ɗauke shi aiki ba, ba shi da wani haƙƙi tabbatacce, iyakarsa a duba takardunsa bisa dokar da ke aiki ranar ɗauka, kuma sa ran da ya yi dole ya rusuna wa maslahar jama'a. A fuskar doka maganar ta zauna. Sai dai ba shi ya ƙago wannan sa ran ba, hukuma ce ta rubuta ta buga ta ce masa ga hanya.

Ba a jima ba kuwa hukumar da kanta ta ja da baya. A 2016 ta ce waɗanda suka yi rajistar digirgir kafin 11 ga Yulin 2009 an ɗauke musu NET, muddin masu dubawa biyu daga waje sun duba kundin, an kare shi a bainar jama'a, an buga maƙala biyu, an gabatar da biyu a taron ilimi. Wannan shi ne abin da ya kamata a yi tun ranar farko: a sake auna tsohon hatsin ɗaya bayan ɗaya, a ware tsaba da ƙaiƙayi, maimakon a zubar da buhu gaba ɗaya. Shekara bakwai aka ɗauka kafin a gane haka, kuma a cikinsu guraben aiki sun wuce mutane, wasu shekaru sun ja musu.

Sauyin bai tsaya nan ba. Dokar 2018 ta ce daga Yulin 2021 ba mai shiga matakin farko na koyarwa a jami'a sai da digirgir. Aka ɗaga zuwa 2023, da lokacin ya zo aka janye sharaɗin.

Ga misalin yadda sauya mudun ya taɓa mutane: a Jami'ar Kerala an ɗauki wani mai tsohon digirgir aikin lakcara a 2012. Abokiyar takararsa ta kai ƙara cewa ba shi da NET, babbar kotun jihar ta soke ɗaukar. Sai a Agustan 2022 Kotun Ƙoli ta ce gyaran 2016 ya shafi na baya, ta tabbatar masa da aikinsa. Shekara goma shi yana koyarwa bai san ko kujerar tasa ce ba, ita kuma tana jira da takardar jarrabawar da aka ce mata ita ce sharaɗi, kuma babu ɗayansu da ya karya dokar da aka nuna masa.