Simon Lalong Da Majalisar Dokokin Jihar Filato

Cikin waɗanda suka riƙe shugabancin Majalisar Dokokin Jihar Filato a Jos, kaɗan ne suka sha gwagwarmaya irin ta Simon Bako Lalong. An haife shi a 1963, ya karanci aikin lauya a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, kuma mutanen Shendam suka zaɓe shi wakilinsu a 1999. A 2000 ya zama Shugaban Majalisa.

A watan Mayu na 2004, bayan rikicin Yelwa, Shugaba Obasanjo ya kafa dokar ta-ɓaci, aka dakatar da Gwamna Joshua Dariye tare da Majalisar har wata shida. A Nuwamba 2006 kuma wasu tsirarun wakilai suka tsige Dariye ba tare da Lalong ba, bayan an ɗora Michael Dapianlong a kujerarsa. A 2007 Kotun Ƙoli ta tabbatar cewa tsigewar haramtacciya ce, domin masu yin ta ba su kai kashi biyu cikin uku na wakilai 24 ba.

Mahaƙurci mawadaci. Lalong ya hau kujerar gwamnan jihar a 2015, ya sauka a 2023.